Ku Tambaya, Mu Amsa: Zuhudu da Talauci a Finafinan Faransa Marasa Magana

Wasiƙun wannan wata sun taru a kan finafinan da aka yi a Faransa daga 1895, shekarar da 'yan'uwan nan Lumière suka fara nuna fim ga masu biyan kuɗi a birnin Faris, zuwa wajen 1929 da sauti ya shigo. Ga shida daga ciki.

Assalamu alaikum. Malam, a aji an koya mana cewa Faransa ta raba addini da gwamnati tun 1905. To ta yaya finafinan addini suka yi yawa a ƙasar a daidai wannan lokaci? Wa yake biyan kuɗin yin su, wa kuma yake kallo?
*Wani ɗalibi, Samaru, Zariya*

Wa alaikumus salam. Abin da aka koya maka daidai ne. Dokar ta fito ran 9 ga Disamba 1905, kuma tun a 1904 an yi wata da ta hana ƙungiyoyin 'yan zuhudu koyarwa, aka rufe dubban makarantunsu, sistoci, wato mata 'yan zuhudu, da limaman coci da yawa suka yi ƙaura zuwa Beljiyam da Ingila da sauran maƙwabta. Sai dai jama'a, musamman na karkara, suna nan da Katolikancinsu. Cocin da aka ƙwace wa aji sai ta biyo yara ta ɗakin taron unguwa. Ranar Alhamis babu makaranta a Faransa a wancan zamani, don haka a ranar, da kuma Lahadi, limamin coci yake tara yara a yi musu wasanni da darasi da majigi.

Babban mai sayar musu da kaya shi ne Maison de la Bonne Presse, gidan ɗab'in da yake buga jaridar La Croix. Yana da sashe guda na fitilun majigi da hotunan gilashi da finafinai, kuma a 1903 ya fara fitar da mujallar Le Fascinateur a ƙarƙashin Georges-Michel Coissac, wadda take koya wa limaman ƙauye yadda ake haɗa fitila da yadda ake yi wa 'yan kallo bayani.

Manyan kamfanoni, Pathé da Gaumont, kasuwa suka hango. Labarin rayuwar Almasihu yadda Kirista suka ruwaito shi kowa ya san shi, ba ya buƙatar dogon rubutu a allo, yana sayuwa a kowace ƙasar Kirista, kuma duk Kirsimeti da Ista sai an neme shi. Ferdinand Zecca ya yi wa Pathé nasa, wanda aka yi ta ƙara masa fitowa daga 1902 zuwa 1905, aka sake ɗaukarsa a 1907. Alice Guy, mace ta farko da ta yi suna a aikin darakta, ta yi wa Gaumont nata a 1906 mai fitowa 25. A lokacin, da awon mita ake sayar da fim, kuma kana iya sayen fitowa ɗai-ɗai. Cocin da kuɗinta bai kai ba sai ta ɗauki biyar ko goma, baɗi ta ƙaro. Shi ya sa yau da wuya a sami kwafi biyu na waɗannan finafinai da suka yi daidai da juna.

A 1912 fadar Fafaroma ta hana nuna majigi a cikin coci kanta, harkar ta koma ɗakunan taro gaba ɗaya. Abin da ya ƙara mata ƙarfi shi ne ƙananan injuna masu fim da ba ya kama wuta da sauƙi: Pathé Kok mai faɗin milimita 28 a 1912, sai Pathé-Baby mai milimita 9.5 a 1922, wanda yaro ma zai iya juya shi da hannu.

Barka da aiki. Na kalli wasu daga cikin finafinan nan a intanet. Mutane suna tafiya kamar ana korar su, rubutu ya ce dare ne amma ga rana tsaka, wani lokacin kuma an yanke kan mutum. Haka suka ɗauke su?
*Wata malamar makaranta, Damagaram*

A'a, Malama. Duk ukun laifin masu kwafa ne na baya, kuma kowanne da dalilinsa.

Saurin tafiya daga lissafi yake. Kyamarar wancan zamani da hannu ake juya ta. Juyi ɗaya yana wuce da hoto 8, juyi biyu a daƙiƙa ya ba da 16. A shekarun 1920 masu ɗauka sun ƙara hannu zuwa 18, 20, har fiye. Da sauti ya zo sai aka tsayar da injuna a kan hoto 24 a daƙiƙa. Naɗin fim ɗaya mai mita 300 yana ɗauke da hoto kusan 16,000. In aka gudanar da shi a 16 zai ci wajen minti 16 da rabi, a 24 kuwa minti 11 ya ƙare. Finafinan addini su wannan ya fi yi wa ɓarna, domin nauyinsu a tafiyar hankali yake: jerin sistoci da ya kamata su shiga ɗakin ibada a natse sai su zama abin dariya. Maganinsa a wayarki yake. Ki rage gudun bidiyon zuwa 0.75, wanda zai mai da 24 ya koma 18. Amma ki fara gwadawa, don wasu kwafin an riga an gyara su. Ki dubi ruwan da ake zubawa, ko hayaƙi, ko abin da ya faɗo daga hannu. In sun yi kamar na zahiri, ki bar shi yadda yake.

Batun dare: fim ɗin lokacin ba ya ɗauka sai da haske mai yawa, saboda haka da rana ake ɗaukar fitowar dare, sannan a rina. Ana yanke wannan yanki a tsoma shi cikin ruwan rini, kamar yadda ake tsoma yadi a marinar Ƙofar Mata, ya fito shuɗi gaba ɗaya. Shuɗi dare ke nan, ruwan zuma ɗaki mai kyandir ko fitila, ja kuwa gobara. Akwai hanya ta biyu da ake sauya sinadarin azurfar da ke jikin hoton da wani, ƙarfe ya ba da shuɗi, farar wuta ta ba da ruwan ƙasa, sai wuraren duhu kaɗai su ɗauki launi, fari ya zauna fari. Da aka zo kwafe waɗannan finafinai a kan fim baƙi da fari daga baya, launin ya tafi, dare ya tafi tare da shi. Masu gyara na yanzu suna mai da shi, ko dai ta kwamfuta ko ta hanyar da Noël Desmet ya ƙirƙiro a ma'ajiyar finafinai ta Beljiyam, inda ake haska fim mai launi sau biyu.

Yanke kai kuma daga layin sauti ne. Hoton fim marar magana faɗinsa milimita 24, tsayinsa 18. Da aka zo saka sauti sai aka ci gefen hagu, aka rage sama da ƙasa, ya koma wajen 22 da 16. Duk kwafin da aka buga da ma'aunin sauti ya yi asarar wannan gefe. In kuma kin ga mutane sun yi gajarta da ƙiba, wani ne ya miƙe hoton don ya cika faffaɗan allo. Siffarsa ta asali huɗu bisa uku ce.

Ranka ya daɗe, ni tambayata a kan ma'ana ce. Sista ta yi alkawarin zama cikin talauci da son ranta, matar da ke kwana a titi kuwa ba ta zaɓa ba. Finafinan sun bambance waɗannan biyun, ko sun haɗa su a kwano ɗaya?
*Wani mai karatu, Jos*

Wannan ita ce tambayar da ta fi cancantar a tsaya a kanta. A ganinmu masu kyau a cikinsu sun bambance, kuma za ka gane hakan ta wurin da kyamara ta daɗe.

Fara da talaucin zaɓi. Thérèse Martin 'yar masu rufin asiri ce, mahaifinta mai gyaran agogo, mahaifiyarta mai sana'ar leshi. Ta shiga gidan zuhudun Karmel na Lisieux a 1888 tana da shekara 15, tarin fuka ya kashe ta a 1897 tana da 24, aka ayyana ta waliyyiya a 1925. Rayuwar gidan ga ta: riga mai kaushi ta ulu, takalmi mai tafin igiya, katifar ciyawa a kan katako, babu wuta a ɗakin kwana ko da ƙanƙara na zuba, babu cin nama sai ga marar lafiya, 'yan'uwa in sun zo ziyara ta bayan tagar ƙarfe za a gaisa. Julien Duvivier ya yi fim a kanta a 1929, La Vie miraculeuse de Thérèse Martin, kuma abin yabo ne cewa bai lulluɓe wahalar da furanni ba. Ya nuna sanyi da aikin ƙarfi da ciwo, ya kawo Shaiɗan a siffar mutum yana yi mata waswasi. Duk da haka mai kallo ya san akwai rufi a kanta, akwai ƙararrawar cin abinci, akwai masu jinya, kuma in ta mutu akwai masu binne ta.

Jacques de Baroncelli ya gwama biyun a jikin mace ɗaya a La Légende de sœur Béatrix na 1923, wanda Sandra Milowanoff ta ja. Tsohuwar almara ce ta Turai: sista ta bi wani saurayi ta bar gidan zuhudu, duniya ta juya mata baya har ta tagayyara, ta komo a wulaƙance ta tarar Maryamu ta tsaya a madadinta duk tsawon shekarun, babu wanda ya san ta fita. A nan talaucin waje horo ne, na ciki kuma mafaka. Labari ne mai taɓa zuciya, amma yunwar da ke cikinsa hanya ce kawai ta komo da Béatrix gida.

Les Misérables ya fi zurfi. Littafin Victor Hugo ne na 1862, wanda cocin Katolika ta sa cikin jerin littattafan da ta haramta a 1864, alhali mutumin kirki mafi girma a cikinsa bishop ne. Albert Capellani ya mai da shi fim kafin Yaƙin Duniya na Ɗaya, Henri Fescourt ya sake yi a 1925, kashi huɗu, wajen awa shida, Gabriel Gabrio ya fito a Jean Valjean. Bishop Myriel ya bar wa asibitin garin fadarsa ya koma ƙaramin gidan asibitin, albashinsa faran 15,000 a shekara ya riƙe 1,000 ya rabar da saura. Valjean kuwa shekara 19 ya yi a kurkuku, asalin laifin burodi ɗaya. Bishop ya ba shi masauki, ya sace cokulan azurfa cikin dare, jandarmomi suka komo da shi, bishop ya ce ai kyauta ya ba shi, ya ɗauko mazaunin kyandir biyu na azurfa ya ƙara masa. Tsawon fim ɗin Fescourt shi ya ba shi damar bin Fantine, wata matalauciyar uwa a labarin, mataki-mataki, daga korar ta a masana'anta zuwa sayar da gashin kanta, ta yadda sadakar bishop ba ta rufe tambayar wa ya jefa mutanen nan cikin wannan hali ba.

Sai waɗanda babu limami a cikinsu sam. Crainquebille na Jacques Feyder, 1922: tsoho mai tura baron kayan miya ya tsaya jiran wata mata ta kawo masa 'yan kuɗinsa, ɗan sanda ya ce ya matsa, aka ƙaga masa zagin hukuma, ya sha kwana 15 a gidan yari, ya fito masu sayen kayansa suka guje shi. A kotu Feyder ya mai da ɗan sandan ƙato, mai ba da shaidar kare tsohon kuma ɗan mitsitsi, yadda tsohon yake ganinsu. La Zone na Georges Lacombe, 1928, ya bi 'yan bola jarin da ke zaune a bukkoki a bakin tsohuwar ganuwar Faris tun daga asuba, mutanen gaske ne ba 'yan wasa ba.

In kana son ganin sadaka yadda ta fi kyau a fim ɗin wancan zamani, nemi Ménilmontant na Dimitri Kirsanoff, 1926, wanda babu rubutu ko layi ɗaya a cikinsa. Yarinya da jaririnta ta zauna a benci, ga sanyi ga yunwa. Wani tsoho a gefenta yana cin burodi da ɗan nama. Ya yanko, ya ajiye a tsakaninsu, ya tura mata a hankali, bai dube ta ba don kada ta ji kunya. Kyamara ta bar tsohon, ta zauna a kan fuskar Nadia Sibirskaïa tana taunawa hawaye na zuba. Finafinan ɗakin taron coci da yawa da a kan mai bayarwa za su tsaya.

Malam, babu kwamfuta a lokacin. Ta yaya suke sa mala'ika ko wata siffa ta bayyana a ɗaki ana hango bango ta jikinta?
*Wani mai ɗaukar hoto, Kaduna*

Ɗauka biyu ce a kan fim ɗaya. A kafe kyamara a ɗaure ƙafafunta. A ɗauki ɗakin da mai addu'a a ciki, a bar gefen da siffar za ta fito da ɗan duhu, mai ɗauka yana ƙirga juyin hannunsa da ƙarfi, mataimaki yana rubuta a juyi na nawa ɗan wasa ya ɗaga kai. Sai a rufe idon kyamara, a mai da fim baya daidai adadin juyin. A rataya baƙin karan-miski, wanda ba ya mai da haske, a tsai da mai fitowa a siffar a gabansa cikin fararen kaya, a haska shi shi kaɗai. A sake juyawa, in an kai lambar da aka rubuta a buɗe ido a hankali.

Inda ake samun matsala: in ƙirga ta kuskure, mai addu'a zai firgita kafin abin ya bayyana. In kyamara ta gusa ko fim ya zame a haƙoransa, siffar za ta riƙa rawa. In akwai taga ko farin bango a bayan wurin, haske biyu za su haɗu su cinye siffar. Kuma ba a ganin sakamako sai an wanke fim, kuskure ɗaya ya lalata ɗauka biyun duka.

Allah ya gafarta Malam, na ji an ce fim ɗin Jeanne d'Arc na 1928 ya ƙone har sau biyu. Me yake sa su kama wuta haka? Akwai wasu tsofaffin gwangwanayen fim a shagon kakanmu.
*Wani matashi, Maiduguri*

Gaskiya ne. La Passion de Jeanne d'Arc, Carl Dreyer ɗan Denmak ya yi wa wani kamfanin Faransa, a kan shari'ar da malaman coci suka yi wa 'yar ƙauyen nan da ba ta iya karatu ba a Rouen a 1431. Ya yi amfani da sabon nau'in fim, fankuromatik, mai ganin dukkan launuka. Tsohon nau'in ba ya ganin ja, yana mai da leɓe baƙi, shuɗin ido kuma fari, dole a shafe fuska da kwalliya mai kauri. Dreyer ya hana kwalliya kwata-kwata, aka aske gashin Renée Falconetti da gaske a gaban kyamara. Uwar fim ɗin, wadda ake buga kwafi daga jikinta, ta ƙone a Barlin a Disamba 1928. Ya haɗa wata daga ragowar ɗauka, ita ma wuta ta ci a 1929. Sai a 1981 aka tsinci cikakken kwafi a wani asibitin masu taɓin hankali kusa da Oslo.

Dalili shi ne naitiret, sinadarin da ake yin jikin fim da shi, dangin albarushi ne. Yana ɗauke da iskar da wuta ke buƙata a cikinsa, don haka ruwa ko yashi ba sa kashe shi da sauƙi, hayaƙinsa kuma guba ne. Faransa ta ɗanɗana tun da wuri. Ran 4 ga Mayu 1897, a Bazar de la Charité, kasuwar tara sadaka da manyan matan Katolika suke ci a Faris, an ƙyasta ashana ana cikin zuba wa fitilar majigi sinadarin ether mai saurin kama wuta, rumfar katako ta kama, mutum sama da 120 suka mutu, akasari mata.

Game da gwangwanayenku, ɗana, a yi hattara. In faɗin fim ɗin milimita 35 ne kuma an yi shi kafin wajen 1951, ka ɗauka naitiret ne sai in ka ga an rubuta SAFETY a gefensa. Ƙananan nan na milimita 16 da 9.5 da 8 ba su da wannan haɗari. Lalacewarsa hawa-hawa ce: hoto ya yi ruwan zuma ya dusashe, ya fara danƙo, ya yi ƙuraje da wari, ya dunƙule ya yi kumfa, a ƙarshe ya koma gari ruwan ƙasa. Wanda ya fara ruɓewa yana iya kama wuta da kansa a zafin da bai wuce digiri 40 da kaɗan ba, kuma ka san bazarar Maiduguri a ƙarƙashin kwano. Ka fitar da su daga inda mutane ke kwana, ka ajiye a inuwa mai iska nesa da wuta da janareta, kada ka liƙe murfin, kada ka sa su a inji, ka sanar da 'yan kwana-kwana da ma'aikatan adana kayan tarihi. In warin ruwan tsami mai kaifi kake ji, wannan yawanci fim ɗin asitet ne, wato nau'in SAFETY, yake lalacewa, ba ya fashewa, amma a ware shi don yana harbin na kusa da shi.

Ina so in nuna wa ɗalibaina ɗaya ko biyu, amma ba na son wanda aka siffanta wani annabi. Wanne zan ɗauka?
*Wata malama, Katsina*

Ki kauce wa na Zecca da na Alice Guy da muka ambata, domin a cikinsu ɗan wasa yana fitowa a matsayin Annabi Isa, alaihis salam, kuma labarin bisa aƙidar Kirista yake. La Légende de sœur Béatrix ma yana da siffar Maryamu. Crainquebille da La Zone ba su da wannan ko kaɗan. Ga manyan ɗalibai, kashi na farko na Les Misérables ɗin Fescourt ya isa darasi guda. Ménilmontant ya buɗe da kisan gatari, ki fara kallonsa ke kaɗai, ko ki yanko fitowar benci kawai.

Kafin ranar, ki rubuta fassarar duk rubutun allo da Hausa a takarda, da lambar mintin kowanne. Ki tsaya a gefen allo ki riƙa karantawa da ƙarfi kina ɗan bayani, domin haka ake yi a ɗakunan taron Faransa, akwai mai bayani da mai kiɗa. In kiɗan da aka ɗora wa kwafin bai dace da abin da ake gani ba, ki rage shi ƙasa sosai, kuma ki rufe tagogi da baƙin ƙyalle, don hoton da aka rina shuɗi ba ya fita a ɗaki mai haske.